Sharhi: Kama Arceus da guminka a Pokémon Legends: Arceus, ko da babu sabis a garinku

Wanda ya saba da wasannin Pokémon, inda ake kama halittu a horar da su don faɗa, ya san inda gizo ke saƙar. Halittun da suka fi wuyar samu, irin su Mew da Celebi da Arceus, an daɗe ba a kama su a daji. Rabonsu ake yi ta intanet na 'yan makonni, ko a ba da lamba a wasu shaguna na Japan da Amurka da Turai. Mai zama a ƙauyukan Gumel ko Babura, inda sai an fita bakin titi sabis yake kawowa, kafin ya ji labari an rufe. Shi ya sa wasu ke komawa ga na jabu, waɗanda aka ƙirƙira da manhajar kutse. Pokémon Legends: Arceus, wanda kamfanin Game Freak ya yi wa na'urar Nintendo Switch kuma ya fito ranar 28 ga Janairun 2022, ya rufe wannan ƙofar uzuri. Da kaset ɗaya da na'ura ɗaya, ba musanya da kowa, ba data, za ka iya mallakar Arceus na gaskiya. A ganina wannan kaɗai ya isa dalilin sayensa. Sai dai kuɗin da za ka biya na haƙuri ne da na caji, kuma ba kaɗan ba ne.

Sharaɗin a fili yake. Kundin halittu na yankin Hisui, inda labarin wasan ke faruwa, yana da gurbi 242. Sai ka kama 237 na farko kafin Arceus ya yarda ya gamu da kai. Phione da Manaphy da Shaymin da Darkrai ba sa cikin lissafin. Kamawa kawai ake nema, ba sai ka cika binciken kowace halitta zuwa mataki na 10 ba, in ban da guda uku da za su zo a ƙasa. Mutane da yawa suna ɓata makonni a kan kuskuren zaton sai an cika binciken kowace.

Kafin nan akwai labarin wasan, sai a tattara alluna 18 masu alaƙa da Arceus bayan sunayen masu aikin sun gama wucewa. A nan ne ake kama Uxie da Mesprit da Azelf a tafkunansu, Heatran a Firespit Island, Cresselia a Moonview Arena, Regigigas a Snowpoint Temple. Duk waɗannan ba su da wahala in jakarka na cike da Ultra Ball, ƙwallon kama halittu mai ƙarfi, wadda ake haɗawa da Apricorn 1, Iron Chunk 2 da Tumblestone 2, kuma ba a ba ka dabarar haɗa ta sai matsayinka a wasan ya kai tauraro na 6. Inda ake shan kashi shi ne karon da Volo, ɗan kasuwar da ke cikin labarin, a Temple of Sinnoh. Halittunsa shida duk suna mataki na 68: Spiritomb, Roserade, Arcanine, Lucario, Togekiss da Garchomp. Kana gamawa da su Giratina mai mataki na 70 zai faɗo maka, in ka kayar da shi ya sake siffa ya tashi da cikakken jini, kuma ba a ba ka hutun jinya a tsakani. Wato faɗa takwas a jere da tawaga shida. Kada ka shiga da ƙasa da mataki na 70, kuma ka ɓoye halitta mai bugu nau'in Fairy ko Ice ko Dark don Giratina, kar ka ƙone shi a kan Garchomp. Bayan nasara sarewar da aka ba ka a labarin ta koma Azure Flute, shi kuma Giratina ka bi shi Turnback Cave a Cobalt Coastlands ka kama, domin shi ne gurbi na 237.

Abin da ya fi burge ni a tsarin shi ne an cire dole ta musanya. A tsofaffin wasannin, Kadabra da Machoke da Haunter da Graveler ba sa rikiɗa sai an miƙa su ga wani ɗan wasa. Nan kuwa akwai Linking Cord, kayan da ke sa su rikiɗa ba tare da musanya ba, maki 1000 a rumfar Simona da ke Jubilife Village, kuma ana tsintar sa a fili. Makin ana samunsa ne ta hanyar ɗauko jakunkunan da wasu suka yar, kuma ko ba intanet wasan yana zuba wasu a taswira. Halittu biyu na farawa da ba ka zaɓa ba, Farfesa Laventon zai ba ka su kyauta bayan an gama labari.

Wuri uku ne mutane ke maƙalewa.

Na farko Spiritomb. Wata yarinya mai suna Vessa ce ke ba da aikin, buƙata ta 22, kuma sai ka tattaro 'yan wuta masu launin shunayya guda 107: 7 a cikin Jubilife Village, 20 a kowane ɗaya daga yankuna biyar. Da dare ana hango su daga nesa, da rana kuwa sai ka kusa taka su. Don haka ka kwanta a tanti ka zaɓi tashi da dare, kuma kada ka fara wannan farauta da gaske sai ka sami Braviary na tashi sama a Alabaster Icelands da Sneasler na hawan dutse, domin da yawa suna kan tsauni ko tsibiri. Matsalar ita ce wasan yana gaya maka nawa suka rage a yanki, amma ba ya nuna inda ka riga ka ɗauka. Wanda ya riƙa tsinta barkatai tun farko, zai wayi gari da 19 cikin 20 ya rasa ta ƙarshen, sai ya sake zagaye yankin kaf. Maganin takarda da biro ne: zana taswirar yanki, kowace ka ɗauka ka sa mata alama. Coronet Highlands ta fi cin rai saboda hawa-hawan duwatsunta, ɗaya na iya kasancewa ƙarƙashin ƙafarka a wani lungu kana ta shawagi a samanta. In sun cika, ka sami Vessa a Shrouded Ruins da ke Crimson Mirelands da dare, Spiritomb mai mataki na 60 zai fito. Ka adana wasa kafin ka taɓa komai. Gaskiya wannan sashe tsawaitawa ce kawai, rabin adadin ma da ya wadatar.

Na biyu, halittun da ba sa fitowa sai cikin abin da wasan ke kira space-time distortion, wani haske mai kama da ƙwarya a kife da ke sauka a fili. Cranidos da Shieldon sai a na Coronet Highlands, Porygon a na Crimson Mirelands, Magnemite a na Cobalt Coastlands, Weavile da Sneasel irin na yankin Johto na tsofaffin wasanni a na Obsidian Fieldlands. Ba a kiran ƙwaryar nan, jiranta ake yi, kuma jiran na iya kai minti 40 a yanki ɗaya. Agogon jiran ba ya tafiya in kana cikin faɗa ko ka buɗe jaka ko taswira, in kuma ka koma gari ya faro daga sifili. A nan ne mai ƙaramin caji yake kuka: an sanar da ƙwarya za ta buɗe, batir ya yi ja. Dabarar ita ce ka haɗa jiran da wani aiki a yankin, kamar neman 'yan wutar Vessa ko fasa duwatsun Tumblestone. In ta buɗe, ka adana wasa, ka jefa Smoke Bomb ka ɓuya, ka yi jifa ta baya. Cranidos ɗaya da Shieldon ɗaya sun isa, ka rene su su zama Rampardos da Bastiodon. Ka kuma tsince duk kayan da ke ƙasa, a nan ake samun Upgrade da Dubious Disc, kayan rikiɗar Porygon, ba tare da kashe maki ba.

Na uku, masu jiran yanayi. Tornadus yana Bonechill Wastes amma sai ana guguwar ƙanƙara, Thundurus yana kan ruwa a Cobalt Coastlands sai ana tsawa, Landorus yana Ramanas Island. In yanayin bai zo ba, ka kwanta a tanti ko ka koma gari ka dawo har ya zo. Gudu suke kamar iska kuma suna da garkuwa, sai ka jefe su da Sticky Glob ko dunƙulen laka sun jigata kafin faɗa ya kama. Su ukun nan ne ake cika bincikensu zuwa mataki na 10, sannan wata mata mai suna Cogita ta buɗe maka Enamorus a Crimson Mirelands. Kada ka ajiye su bayan kamawa, ka sa su a tawaga ka riƙa amfani da bugun da kundin ya lissafa.

Sauran ƙananan ƙayoyi ne. Cherubi yana cikin bishiya mai girgiza, a Heartwood ko Lonely Spring, kuma sau da yawa wata halitta ce ke faɗowa. Ba a kiwo a wannan wasa, babu ƙwai, don haka jarirai irin Munchlax da Bonsly da Cleffa da Magby sai a daji. Ursaring yana zama Ursaluna da Peat Block a daren da wata ya cika kawai. Stantler sai ya yi Psyshield Bash sau 20 a salon sauri, Qwilfish kuma Barb Barrage sau 20 a salon ƙarfi. Basculin sai ya tara raunin 294 daga bugun da ke dawo masa ba tare da ya suma ba, in ya suma a fara sabon lissafi.

In 237 sun cika, ka koma Temple of Sinnoh ka busa sarewar. Karon Arceus ba na tawaga ba ne sosai, kai ne ke kauce wa hari kana jifansa da ƙullin magani har ma'aunin ya ƙare. In ka faɗi ana ba ka zaɓin ci gaba daga inda ka kai, ba laifi ba ne ka ɗauka. Ba a jefa masa ƙwallo, da kansa yake shiga hannunka a mataki na 75, tare da wani allo nasa mai suna Legend Plate. Ga wata alama ta gane jabu: Arceus na wannan wasa ba ya zuwa da launin nan na daban da ake kira shiny. Duk wanda ya ce a Hisui ya kama mai irin wannan launi, ko ya miƙo maka halitta mai sunan wani shafin intanet a goshi, kayan kutse ne.

Abu ɗaya da ya kamata mai saya wa yara ya sani tun kafin ya biya: a tatsuniyar wasan, mutanen Hisui suna ɗaukar Arceus a matsayin wanda ya samar da duniyarsu, har suna da wurin girmama shi. Ƙagaggen labari ne na Japanawa, amma yana nan a tsakiyar wasan, ba a gefe ba. Kowane magidanci ya auna da kansa. Haka kuma babu Hausa babu Larabci a harsunan wasan, kuma harshen da ka zaɓa a farko ba ya canzuwa, ga surutu mai yawa a awannin farko. Zanen filayen ma bai kai na wasu wasannin Switch ba, abin da ke nesa yana rawa kamar kawalwalniya.

Batun na'ura kuwa, a ƙauye shi ne rabin aikin. Switch ta farko tana riƙe caji awa 2.5 zuwa 6.5, wadda aka gyara a 2019 awa 4.5 zuwa 9, Switch Lite awa 3 zuwa 7, kuma wannan wasa yana cikin masu zuƙe batir. In za ka sayi ta hannu a Kano, ka duba lambar jikinta, ta 2019 da XK take farawa. Cajarta ta asali tana ba da volt 15, shi ya sa cajar waya ta yau da kullum ba ta cika ta in ana wasa, sai dai ta rage saurin mutuwa. Ka nemi fawa-banki mai USB-C PD, shi za ka kai shagon caji ko ka jona a sola, na'urar ta kwana a gida. Nintendo ya ƙayyade a yi amfani da ita tsakanin digiri 5 zuwa 35, alhali bazarar Jigawa tana haura 40, don haka wasan rana a ɗakin kwano neman magana ne. Bayan isha'i ya fi. Da hunturu kuma a sa ta cikin jaka, ƙura na iya kashe sandunan juyawa.

Ka sani ajiyar wasanka a cikin na'ura take, ba a kaset ba, kuma wannan wasa ba ya cikin waɗanda ake ajiye wa kwafi a intanet. In na'urar ta lalace ko aka goge ta wajen gyara, Arceus ya tafi. Na'urar da aka yi wa kutse aka loda mata wasanni kuwa arha gare ta, amma Nintendo na iya toshe ta daga intanet gaba ɗaya, sai ka rasa hanyar kai abin da ka kama zuwa Pokémon HOME, ma'ajiyar da ta fara karɓar halittun wannan wasa a watan Mayun 2022 kuma take riƙe guda 30 kyauta. Kaset na asali ɗaci gare shi in ya taɓa harshe, da gangan aka shafa masa don kar yara su haɗiye.

Sabuntawar 1.1.0 ta watan Fabrairun 2022 ta ƙaro ɓarkewar halittu masu yawa lokaci guda, wadda ke sauƙaƙa samun wasu masu wuya. Ba dole ba ce ga Arceus, kuma in wani a garinku ya riga ya sauke ta, Switch biyu suna iya daidaita siga a tsakaninsu ba tare da data ba. Shaymin da Darkrai ma ba sa buƙatar sayen wani wasa. Ka ari kaset ɗin wasan Pokémon Sword ko Shield, ka fara shi a na'urarka da sunan da kake wasa da shi, ka adana, ka mayar wa mai shi: buƙata ta 92 za ta fito a allon ofishin Laventon bayan an gama labari, Shaymin yana Floaro Gardens. Haka za ka yi da wasan Pokémon Brilliant Diamond ko Shining Pearl don buƙata ta 93, sai ka nemi Darkrai a Clamberclaw Cliffs da dare.