Shagon gyaran kwamfuta da ya tashi infrared ɗin tsohuwar ThinkPad ɗina

Wani ɗan shago ne a Farm Centre, Kano. Na kai wa mai shagon kwamfutata ThinkPad T42 mai Windows XP, ina son kwashe lambobin Baba daga tsohuwar waya Nokia 6610 ta infrared (hanyar tura bayanai tsakanin na'urori da hasken da ido ba ya gani), amma a Device Manager, inda Windows ke jera kayan cikin kwamfuta, sai alamar tambaya mai ruwan ɗorawa, wato akwai matsala. Wasu masu gyaran cewa suke in yar da kwamfutar kawai.

Shi kuwa BIOS ya fara shiga, wato saitunan kwamfuta na kafin Windows ta tashi, ashe a kashe tashar infrared ɗin take. Ya kunna, ya ɗora direban IBM (manhajar da ke sa tashar aiki), ya goge baƙar tagar infrared ɗin da hannun riga, ya ajiye wayar daf da ita, fuska da fuska. Sai ga ƙara, sun gaisa!

Kuɗin aikinsa ba tsada. Aibinsa ɗaya: ba wurin zama, a tsaye na jira cikin rana.