Koren wake da hosradish: haɗin sanyi ko na ɗumi?

Assalamu alaikum. 'Yar'uwarmu da ke zaune a Jamus ta yi tambaya a kan saiwar nan mai yaji da Jamusawa ke kira Meerrettich, mutanen Bavariya (a kudancin Jamus) da Ostiriya su ce Kren, wadda a Ingila da Amurka aka sani da hosradish. Ta ce maƙwabciyarta ta ba ta kwalba ɗaya, tana son ta haɗa shi da koren wake domin ya raka gasasshen naman sa, kuma ta ga ana yinsa iri biyu: wasu suna kwaɓa shi da kirim mai tsami su zuba a kan waken bayan ya huce, wasu kuma suna juya shi cikin bota mai ɗumi. Ta gwada sau ɗaya, ta zuba shi a tukunya ta bari ya tafasa, sai yajin ya gudu ya bar mata ɗaci-ɗaci. Hajiya, na yi duka biyun sau da yawa, ga yadda na same su.

Abin da ya faru da ke a gwajin farko shi ne tushen maganar, domin yajin hosradish ya sha bamban da na attaruhu da muka saba da shi. Na attaruhu a kan harshe yake zama ya daɗe, kuma ko miya ta yi awa guda tana tafasa yana nan daram. Na hosradish kuwa tashi yake yi ya bi ta hanci, ya kawo ƙwalla, cikin 'yan daƙiƙoƙi ya wuce. Saiwar ba ta da wani ƙamshi mai ƙarfi sai an goga ta, saboda gogawar ce ke sa wani sinadari mai suna sinigirin ya haɗu da wani mai suna mirosinas, su haifar da man da ke yin yajin, irin wanda ke cikin mastad. Wannan mai yana da saurin bin iska, zafin wuta kuma ƙara masa gudu yake yi. Shi ya sa duk girkin da aka tafasa hosradish a cikinsa yake rasa abin da aka sa shi dominsa. Hosradish ɗan'uwan kabeji ne da mastad da wasabi, wato koren yajin nan na Japan, kuma mafi yawan wasabin da ake sayarwa a shagunan Turai hosradish ne aka yi wa koren launi.

Dahuwar waken iri ɗaya ce a haɗi biyun. Gram 500 ya ishi mutum huɗu. Ki zaɓi wanda idan kin karya shi zai ce ƙas, ki cire kan da jijiyar gefe idan yana da ita, ki zuba a ruwa mai yawa da ya riga ya tafasa da gishiri, ki ba shi minti 10. Ba a cin koren wake ɗanye, domin yana ɗauke da wani sinadari mai suna fasin da ke ɓata ciki, wanda dahuwa ce kaɗai ke kashe shi, kuma a Jamus ɗin ma shawarar da ake bayarwa ita ce kada dahuwar ta gaza minti goman nan. Kada ki sa kanwa, ko da kin saba sa wa busasshen wake, saboda za ta narkar da shi ya zama kamar fate. Da zarar kin sauke, ki tsane shi a kwando ki tsoma cikin ruwan ƙanƙara na ɗan lokaci, domin dahuwar ta tsaya kuma koren ya zauna.

Haɗin sanyi ba ya ganin wuta ko kaɗan. Ki sa babban cokali 4 na kirim mai tsami a kwano, wanda a shagunanku za ki same shi da sunan Schmand, ki ƙara babban cokali 1 na hosradish, ƙaramin cokali 1 na mastad, ƙaramin cokali 1 na ruwan lemon tsami, da gishiri da ɗan masoro. Ki juya, ki ɗanɗana, idan bai kai miki hanci ba ki ƙara rabin cokali. Sai ki rufe shi ki sa a firiji na kamar minti 20 domin kayan su shiga juna. Yogot mai kauri marar sukari yana yin wannan aiki sosai, kindirmo mai kyau ma haka, idan an tsane masa ruwa a tsabtataccen ƙyalle. Abin da ya fi muhimmanci a nan shi ne waken ya bushe sarai kafin a zuba masa haɗin, domin ruwan da ya rage a jikinsa zai tsinka kirim ɗin ya kwanta a ƙasan faranti. Ni ina shimfiɗa shi a kan tawul ɗin kicin in goge shi da hannu, kuma wannan ɗan aikin ya fi duk sauran tasiri a kan yadda abin zai fito.

Haɗin ɗumi ya fi buƙatar lura. Ki narkar da babban cokali 2 na bota a kasko a kan wuta kaɗan, ki soya rabin albasa da aka yanka ƙanana har ta yi laushi ba tare da ta yi ja ba, ki sa tafarnuwa ƙwaya ɗaya, sannan ki juye waken ki juya na minti 2 har ya ɗauki zafi. Daga nan sai ki kashe wuta, ki ɗauke kaskon daga kan murhu gaba ɗaya, ki bari tururin farko ya wuce, sannan ki zuba hosradish da ruwan lemon tsami ki juya. A nan sai kin sa babban cokali ɗaya da rabi ko biyu, saboda ko ɗumin kaskon kaɗai yana cinye wani kaso na yajin. Man shanunmu na gida yana iya maye gurbin bota, sai dai ƙamshinsa ya fi ƙarfi, don haka a rage yawansa. Idan kina son ki ƙara kirim a wannan haɗi, ki nemi irin wanda ake kira crème fraîche mai maiƙo kusan kashi 30 cikin ɗari, domin kirim mai tsamin da ake kira saure Sahne mai kashi 10 tsinkewa yake yi ya yi gudaji-gudaji da zarar ya ji zafi.

Idan aka jera su gefe da gefe, bambanci na farko a baki yake. Na sanyi yana riƙe yajin da tsamin duka biyu, maiƙon kirim ɗin yana sassauta kaifinsa, amma mai ci zai ji shi ya hau masa hanci a kowace loma. Na ɗumi ya fi taushi da ƙamshi, ɗanɗanon waken da na bota ne a gaba, hosradish ɗin yana biye daga baya. Wanda bai taɓa cin hosradish ba, ko gidan da ke da yara, na ɗumi zai fi karɓarsu. Wanda kuma ya saba da yaji, kamar yawancinmu, yana iya cin na ɗumi ya ce bai ji komai ba.

Bambanci na biyu na lokaci ne, kuma shi ne ya fi shafar mai girki ranar da take da baƙi. Kwaɓin kirim ɗin yana kwana biyu a firiji idan an rufe shi da kyau, waken ma ana iya dafa shi tun da safe, sai lokacin ci a haɗa. Na ɗumi kuwa daga kasko sai faranti, domin idan ya huce botar daskarewa take yi a jikin waken, idan kuma aka sake ɗumama shi an koma kuskuren farko, yajin ya tafi. Akwai abu ɗaya da suka yi tarayya a kansa: tsami yana dusashe koren wake ya mayar da shi launin ganyen da ya kwana, saboda haka ko wanne kika yi, kada lemon tsami ya taɓa waken sai ana dab da ci. A na ɗumi wannan dusashewa ta fi sauri, saboda zafi yana taimaka mata.

Sai kuma abin da za su raka. A Ingila an daɗe ana cin gasasshen naman sa da hosradish mai kirim, kuma hikimar a fili take, domin nama mai maiƙo yana son abu mai sanyi da tsami da zai wanke baki. Haka yake da kifi mai ƙyafi da soyayyen dankalin turawa. Na ɗumi ya fi dacewa da abinci mai sauƙin ɗanɗano, kamar dafaffiyar kaza, farar shinkafa ko dafaffen dankali, inda botar za ta zama kamar ɗan romo. Abin da ban ga ya yi ba shi ne a jera ɗayansu da miya mai attaruhu da yawa, domin attaruhun zai danne shi, an yi asarar hosradish ke nan.

Ki duba rubutun jikin kwalbarki kafin ki auna. Idan an rubuta Tafelmeerrettich, wannan gogaggen hosradish ne da aka adana da ruwan khal, shi ne ma'aunin da na bayar. Idan kuma Sahnemeerrettich ne, an riga an haɗa shi da kirim, yajinsa ya ragu, don haka ki ninka yawansa ki rage naki kirim ɗin, kuma wannan nau'in ya fi dacewa da haɗin sanyi. Kwalbar da aka buɗe tana rasa ƙarfi a hankali ko tana firiji, saboda haka ɗanɗanawa ta fi bin cokali. Idan kin sami ɗanyar saiwar a kasuwa, wadda ake yawan samu daga kaka zuwa bazararsu, kuma yankin Baiersdorf da ke Bavariya ya yi suna wajen nomanta, ki fere iya abin da za ki yi amfani da shi, ki goga a abin goga kuɓewa kusa da taga a buɗe, domin ta fi albasa sa hawaye nesa ba kusa ba. Idan kin zuba mata khal nan take yajin zai tsaya a matsakaici, idan kin jira kamar minti 3 zai fi ƙarfi, idan kuma kin bar ta a buɗe ba tsami za ta yi duhu ta yi ɗaci. Rabin ma'aunin da na bayar na hosradish ɗin kwalba ya isa idan ɗanya ce.

Ga 'yan'uwa da ke gida, koren wake ba ya wuya, tunda ana noma shi a Filato ana kai shi kasuwannin birane. Hosradish ne ke wuyar samu. Wata za ta iya jin cewa Turawan Ingila suna kiran zogale bishiyar hosradish, saboda saiwarsa tana da irin wannan yaji, sai ta yi tunanin musanyawa. Ina roƙon kada a yi haka, domin saiwar zogale da ɓawonta suna ɗauke da sinadarai masu cutarwa, musamman ga mai juna biyu. Mastad mai ƙarfi ya fi kusa da hosradish kuma ya fi aminci, ƙaramin cokali 2 a cikin yogot ko kindirmo.

Tunda gasasshen naman sa za ki yi, Hajiya, ni na sanyi zan zaɓa miki. Ki dafa waken da wuri, ki bar shi ya sha iska a kicin maimakon ki fito da shi daga firiji da sanyin ƙanƙara, ki zuba masa rabin haɗin ki juya, sauran rabin kuma ki ajiye a ƙaramin kwano a kan tebur domin a riƙa shafa wa naman.