Karen da Ya Ci Gadon Attajiri: Sharhina kan Faifan Hitchcock

Na sayi faifan DVD na zango na 5 na shirin Alfred Hitchcock Presents ne don neman labaran kisa da ban tsoro, amma wanda ya fi zama a raina na barkwanci ne, wato "Craig's Will", da tashar CBS ta Amurka ta nuna a 1960.

Wani attajiri ne ya mutu, aka taru sauraren wasiyya, sai ga shi dukiyar duk ta karensa Casper ce. Thomas Craig, ɗan'uwan mamacin, wanda ya gama sa rai da gādon, ba zai taɓa ta ba sai karen ya mutu. Dick Van Dyke ne ya fito a Thomas tun kafin sunansa ya cika duniya, kuma ya iya fitowa a ragon namiji mai son banza amma ba ya da zuciyar ɗaukar alhaki. Uwar kwaɗayin ita ce budurwarsa Judy, wadda Stella Stevens ta fito a matsayinta. Murmushi take, murya a sanyaye, tana lissafin kwanakin kare. Da ta ga gogan nata ba zai iya ba, sai ta yi hayar wani ya kashe karen. Shi kuwa Casper ko a jikinsa, yana ta kaɗa wutsiya ga masu neman ransa, kuma nan ne dariyar take.

Bahaushe zai ce wannan ai tatsuniya ce, tunda a shari'armu wasiyya ba ta wuce sulusi, dabba kuma ita ake gada. To a can abin yana faruwa. A 2007 Leona Helmsley, mai manyan otal a New York, ta bar wa karyarta dala miliyan 12, sai da alƙali ya rage zuwa miliyan 2.

Hoton baƙi da fari ne amma tas yake, muryoyi na fita sarai. Ba fassarar Hausa, dole sai da Turanci. Abin da bai gamsar da ni ba shi ne gajartar: ƙasa da rabin awa, an yi ta gudu, yunƙurin kashe karen bai samu sararin da zai sa gaban mutum ya faɗi ba. Hitchcock kansa, shahararren daraktan fina-finan da shirin ke ɗauke da sunansa, ba shi ya ba da umarni ba, gabatarwa da rufewa kawai ya yi, da zolayar nan tasa ta masu talla. Mai neman tsoro ya tsallake zuwa wani labarin a faifan, wannan na kallo da iyali ne bayan cin abincin dare.